Yadda Ake Sayen Marsandi ML Mai Shan Dizal Ta Hannu, da Yadda Ake Riƙe Ta

Shekara da shekaru ina raka mutane duba wannan mota, ni ma na riƙe guda biyu, kuma na gaji da jin shawara iri biyu. Wasu su ce maka injin dizal ba ya mutuwa, ka saya ido rufe. Wasu su ce kabarin kuɗi ce, ko kyauta aka ba ka kada ka karɓa. Duka biyun surutun bakin gareji ne. Injin da ke cikin ML 320 CDI da ML 350 BlueTEC, wanda ake kira OM642, mai silinda shida da girman lita uku, yana da ƙarko ƙwarai. Abin da ke kashe shi a hannunmu shi ne abin da ake ɗura masa da kuma hannun da ke taɓa shi. Ga yadda nake yi.

1. Fara da tambayar kanka inda za ka riƙa zuwa da ita

In zirga-zirgarka daga gida zuwa kasuwa ce, ko kai yara makaranta a cikin cunkoso, ka bar dizal ka nemi mai fetur. Wannan mota ta mai dogon zango ce, irin mai tashi daga Kano zuwa Abuja, ko Maraɗi zuwa Yamai, a kai a kai. Dalilin zai fito a mataki na bakwai.

2. Nemi makaniki kafin ka nemi mota

Ka samu wanda ya taɓa buɗe wannan inji da hannunsa, yana kuma da kwamfutar Marsandi ta ainihi, wadda ake kira Star ko Xentry. Ƙaramar na'urar da ake haɗawa da waya ba ta karanta rabin abin da muke nema. In babu irin wannan mutum a garinku ko kusa, maganar ta ƙare a nan.

3. Zaɓi zubi

Zubin W164 ya fito daga 2005 zuwa 2011, W166 ya biyo baya har 2015 lokacin da aka sauya masa suna zuwa GLE. Duk wadda aka rubuta wa BlueTEC tana da ƙarin tanki na ruwan AdBlue da na'urorin auna hayaƙi masu tsada. Ni na fi son ML 320 CDI marar AdBlue, don kayan da ba a saka ba ba za su lalace ba. Haka in ka samu mai sifirin na ƙarfe, ta fi mai jakar iska sauƙin riƙo a hanyoyinmu.

4. Takardu

Lambar shasi harafi da lamba 17 ce, ta zama iri ɗaya a jikin mota da takarda. Ka tantance takardun kwastan da kanka, kada ka bar wa dillali, musamman a Najeriya inda aka hana shigo da mota ta kan iyakar ƙasa a Janairun 2017. In daga Amurka ta zo, a binciki lambar a Carfax, don motocin da ambaliya ta cinye suna zuwa da kyan ɗan maciji.

5. Duba ta da sanyin safiya

Ka gaya wa mai ita kada a tayar kafin ka iso. Ɗora hannu a kan inji. In da ɗumi, ka koma gobe. A tashin farko ka saurari gaban inji: karkarar sarƙa ta daƙiƙa biyu ko uku alama ce ta sarƙar tayimin da ta miƙe.

Sai a cire murfin roba na saman inji, ka haska tocila a gindin nozul shida. In ka ga baƙin abu mai tauri kamar kwalta, ko ka ji ƙarar tsit-tsit tare da warin hayaƙi, wankin jan ƙarfen da ke ƙarƙashin nozul ya ƙone. In an kama shi da wuri aikin yini ɗaya ne. In ya daɗe, nozul ɗin na mannewa har sai an yi da gaske kafin ya fito.

A sa kwamfuta a duba abu uku: yawan gyaran da inji ke yi wa kowane nozul, yawan tokar da ta taru a matatar hayaƙi, da kilomitar da ke ajiye a sauran ƙwaƙwalen motar. Ana mayar da mitar dashbod baya, amma ba kowa ke tuna sauran wuraren ba. Ka dubi sitiyari da robar birki su ma, ba sa ƙarya.

A W164 ka ɗaga shimfiɗar but ka shafa kusa da fitilun baya. Ruwa na bi ta robar fitila ya sauka kan akwatin lantarkin baya, daga nan fitilu da makullai su fara hauka. In mai jakar iska ce, auna tsayin kowace kusurwa da yamma, ka sake aunawa da safe. Wadda ta kwana ta durƙusa jakarta na yoyo, kuma kwamfuresa ce za ta biyo baya. Sayen mota ba tare da ka tuƙa ta rabin awa a babban titi ba cinikin biri a sama ne.

6. Yoyon bakin mai, wurin da na sha wuya

Ka shiga rami ka dubi inda inji ya haɗu da giya. In wurin a jiƙe yake da bakin mai, ko an wanke shi fes alhali sauran ƙarƙashin motar duk ƙura ne, ka tsaya ka natsu.

Silindojin wannan inji sun rabu gida biyu, uku nan uku can, da kwari a tsakiyarsu. A can ƙasan kwarin aka zaunar da na'urar sanyaya bakin mai, ita kuma tana zaune a kan wasu ƙananan robobi guda biyu. A samanta akwai bututan shigar iska, akwai matatar dizal, akwai tobo da duk zafinsa. Shekaru na tafiya robobin na bushewa, mai ya fara taruwa a kwarin, ya bi wata ƙaramar kafa ya gangara ta bayan inji, ya ɗiga daidai bakin giya. Wanda bai sani ba zai rantse sil ɗin bayan kiranshaf ne.

Haka aka yi mini da motata ta farko. Wani makaniki ya leƙa sau ɗaya ya yanke hukunci, aka sauke giya gaba ɗaya, aka canja sil ɗin da lafiyarsa ƙalau, motar ta kwana huɗu a gareji. Mako bai cika ba na sake ganin ɗigo a ƙofar gida. Da aka gano inda matsalar take, wani kuma ya sayo robobin kasuwa marasa suna ya saka, kafin shekara ta zagayo muka koma gidan jiya. Sau uku na biya kuɗin aiki ɗaya, kuma abin da ya fi ci mini rai shi ne robobin kansu ba su kai kuɗin cika tanki ba.

Don haka ka riƙe wannan. Robobin farko launin lemo ne, waɗanda aka inganta daga baya launin shunayya ne, na wani roba mai jure zafi da ake kira Viton. Masu shunayya za ka saya, a cikin ledar kamfani mai lamba, ka kuma gan su da idonka kafin a rufe. Aikin na cin yini biyu a hannun gwani. Wanda ya ce zai gama kafin la'asar akwai abin da zai tsallake.

Tunda an riga an buɗe, kada a rufe sai an yi sauran. A wanke bututan iskar nan biyu, za ka sha mamakin dattin da ke ciki. A canja robar bakin tobo, don ita ce ke ɗigo da mai a kan ƙaramin injin lantarkin da ke juya ƙofofin iska a ƙarƙashinta, in ya ƙone motar ta daina ja. A saka sababbin gaskit a gindin tobo. Kuma ka tsaya a kan makanikan su toshe kowace kafar da aka buɗe da tsumma mai tsabta, noti ɗaya in ya faɗa ciki ya isa ya tashi inji. Bayan an haɗa, a zubar da bakin mai da ruwan lagireto a zuba sababbi.

In mai sayarwa ya nuna maka shaidar an yi wannan aiki, ka ƙara masa kuɗi da farin ciki. In ba a yi ba, ka cire kuɗin aikin daga farashi.

7. Matatar hayaƙi da AdBlue

A cikin salansa akwai matata, DPF, mai kama baƙin hayaƙi. In ta cika, inji na ƙara mata zafi har kusan digiri 600 ya ƙone abin da ta tara, kuma hakan na buƙatar tafiya miƙaƙƙiya ta minti ashirin zuwa talatin. In kullum kana kashe mota kafin ta gama, dizal ɗin da aka ƙara don ƙonawar yana zurarewa cikin bakin mai ya tsinka shi. Alamar ita ce ka ga mai na ƙaruwa maimakon raguwa. Ko ba ka da tafiya, ka fita da ita babban titi sau ɗaya a mako.

Kada ka yarda a sa rodi a fasa matatar. Kwamfutar motar za ta ga lissafi bai yi daidai ba ta rage ƙarfi, hayaƙin kuma ya koma huhun mai babur da ke bayanka. In ta toshe a ciro a wanke.

AdBlue yuriya ce tsantsa kashi 32.5 cikin ɗari a cikin tataccen ruwa. Na ji masu cewa a jiƙa takin yuriya na gona a zuba. Wallahi kada ka fara. Ka sayi na jarka mai hatimi, ka ajiye a inuwa don zafi na lalata shi. In ya kusa ƙarewa motar na ƙirga maka sauran tashi, in lissafin ya cika ba za ta tashi ba.

8. Abin da za ka ɗura mata

An ƙera injin ne don dizal mai tsabta irin na Turai, inda tun 2009 farar wutar da ke ciki ba ta wuce kashi 10 cikin miliyan ba. ECOWAS ta amince da kashi 50 a 2020, amma abin da ke cikin jarkar ɗan bumburutu Allah kaɗai ya san shi. Famfon wannan inji na tura mai da matsin da ya kai bar 1,600, tayarka kuwa ba ta kai bar uku ba, kuma dizal ɗin ne da kansa ke yi wa famfon maiƙo. In an gauraya shi da kananzir ko ruwa, famfo ya fara cin kansa, garin ƙarfe ya bi nozul shida duka. Ka zaɓi gidan mai ɗaya da manyan motoci ke sha kullum, ka manne masa. Kada ka sha lokacin da tanka ke sauke mai.

Bakin mai kuwa, ka juya bayan galan ka nemi MB 229.51 ko 229.52. Ni Mobil 1 ESP 5W-30 nake sawa, in ban samu ba Total Quartz Ineo. Za a ce maka zafin ƙasarmu sai mai kauri, 20W-50. Ka yi godiya ka wuce. Tokar wannan man ce ke toshe matatar hayaƙi. Injin na shan lita takwas da ɗan kai, kuma ina canjawa duk kilomita 7,000, ban jiran lissafin dashbod wanda aka tsara don titunan Jamus.

Matatar dizal duk sabis na biyu, Mann ko Mahle. Matatar iska guda biyu ce, da hunturu a duba su kowane wata.

9. Abubuwa uku da za ka hana a yi mata

Kada a cire tamostat. In inji bai kai zafinsa ba, ƙonawar matatar hayaƙi ba ta farawa. Kada a haɗa fanka kai tsaye. Kada a zuba ruwan rijiya a lagireto.

10. Giya da tayoyi

Giyar mai hawa bakwai ce, 7G-Tronic, a canja manta da matatarta wajen kilomita 60,000. Tsofaffin na shan jan mai, 236.14, waɗanda aka yi daga tsakiyar 2010 shuɗi, 236.15, kuma ba a gauraya su, a duba da lambar shasi. Tayoyi huɗu su zama iri ɗaya, cinsu ɗaya, don duk ƙafafun ne ke ja. Bayan doguwar tafiya ka bar inji ya yi minti ɗaya kafin ka kashe, tobo ya huce.

11. Kada ka ƙarar da kuɗinka a wurin ciniki

Ka ware kamar kashi ɗaya cikin biyar na kuɗin motar don watan farko: duk mai da matatu, robobin nan masu shunayya, da abin da kwamfuta ta nuna. Ka sayi ɗan littafi ka ajiye a aljihun dashbod, duk abin da aka canja ka rubuta rana da kilomita da sunan man. Ranar da makaniki ya ce a sauke giya, kai za ka buɗe shafi ka gaya masa inda zai fara dubawa.