Amsoshin Tambayoyinku: Fim ɗin Japan da ya ci Oscar a 2022

Wani mai sauraro daga Ribah, hedkwatar ƙaramar hukumar Danko/Wasagu a masarautar Zuru, yana tambaya: wane fim ɗin Japan ne ya ci Oscar a 2022, kuma me ya ƙunsa?

To malam, sunansa Drive My Car. Ryusuke Hamaguchi ne ya ba da umarni, ya fito a 2021, tushensa gajeren labarin Haruki Murakami. Ya ci kyautar tsara labari a bikin Cannes na Faransa, sannan Oscar na rukunin finafinan ƙasashen waje. Tsawonsa kusan awa uku.

Labarin Kafuku ne, ɗan wasan dandamali da ya dawo gida ba zato ya tarar da matarsa Oto da wani saurayi. Ya ja ƙofa a hankali, bai ce uffan ba. Ran da ta ce in ya dawo akwai magana, sai ya yi ta gararamba a mota har dare. Ya iske ta kwance a ƙasa, jini ya zuba a ƙwaƙwalwarta, ta cika.

Bayan shekara biyu aka gayyace shi Hiroshima ya shirya wasan Uncle Vanya na Chekhov, ga kuma saurayin nan cikin 'yan wasan. Aka haɗa shi da direba mace, Misaki, tana jan jar motarsa Saab 900, shi kuwa yana baya yana sauraron kaset ɗin muryar marigayiyar.

Misaki ma da nata ciwon: ƙasa ta zaftare kan gidansu a Hokkaido, ta fito ba ta ceci mahaifiyarta ba. Har kangon gidan suka je tare, kowa ya amayar da abin da ke cinsa.