Daga Tirinidad Zuwa Uhola: Biki Ba Wasa Ba Ne

Ni ɗan Zuru ne, amma a shekarata ta farko a makarantar nan, in aka ɗauko zancen Uhola sai in kawar da kai, gudun kada a ce mini ɗan ƙauye. Tarihin wani biki a tsibirin Tirinidad, can yankin Karibiyan, shi ya sauya mini tunani.

A can, Turawa masu gonakin rake ne ke shagalin kanibal gab da azumin Kirista, bayi kuwa ba a yi da su. Da aka kammala 'yanta bayi a 1838, sai baƙar fata suka mamaye titi da ganguna da sanduna da wuta a hannu, suna kwaikwayon yadda ake kora su cikin dare su kashe gobarar rake. Shi ake kira Kambule. A 1881 'yan sandan mulkin Ingila suka zo murƙushe shi a Port of Spain, aka gwabza, mutane suka ƙi ja da baya. A 1884 doka ta hana kiɗan ganga, sai suka koma buga gora. Daga baya suka sassaƙa durom ɗin mai ya zama abin kiɗa, wanda yau ƙasar ke tinƙaho da shi.

To me ya sa Bature ya tsani ganga? Ai ya san mutanen da ke taruwa da kiɗansu da harshensu ba su manta ko su wane ne ba.

Mu dawo gida. Bayan girbi, Lelna, waɗanda Hausawa ke kira Dakarkari, kan yi Uhola: godiya kan amfanin gona, da rawa, da kokawa, da waƙoƙin C'lela. Nan ake karrama samarin da suka gama golmo, wato noman da saurayi ke yi wa surukai shekara da shekaru.

Mu fa babu ɗan sandan da ya ƙwace mana ganga, mu ne ke ajiye ta da kanmu. Bara na tsaya a filin, wallahi rabin waƙoƙin sai da kakata ta fassara mini. Ran da babu ita, wa zan tambaya?

'Yan'uwa ɗalibai, kowa na da irin nasa a garinsu. Wannan hutun, ɗauki wayarka ka zauna gaban tsofaffi, ka naɗi waƙar, ka tambayi ma'anarta tun suna nan.