DARASI: MAGANA DA INJUNAN DA KE ƊAUKAR TA

Wannan darasi na ɗaliban cibiyoyin yaƙi da jahilci ne, maza da mata. A karanta shi sannu-sannu. Bayan kowane kashi a tsaya a tattauna.

1. Kafin zuwan inji

A da, magana da ƙafa take tafiya. Idan sarki yana da sanarwa, sankira ne ke zagaya gari. Labarin nesa kuwa fatake da ƴan cin rani ke kawo shi. Maroƙa da makaɗa su ke riƙe da sunayen sarakuna da tarihin gari. Da dare, bayan an ci tuwo, yara su kewaye kaka ta yi musu tatsuniya, wadda a wasu wurare ake ce wa gatana.

Wannan hanya tana da kyaunta. Ana ganin mai magana, an san shi, an san gidansu. Maƙaryaci ba ya daɗewa a ɓoye. Tana kuma da rauninta. Ajiyar duka a cikin kan mutum take. Idan tsoho ya rasu bai faɗa wa kowa ba, abin da ya sani ya tafi tare da shi.

2. Radiyo da kaset

A shekarar 1958 aka buɗe gidan radiyon Nijar a Yamai. Tun 1974 ake kiran shi Muryar Sahel. Da radiyo, magana ta bar tafiya da ƙafa. Abin da aka faɗa a Yamai, a nan take ake jin shi a Tawa da Maraɗi da Damagaram.

Amma radiyo faɗa yake yi, ba ya sauraro. Shi ya sa a 1962 aka kafa ƙungiyoyin masu sauraro, wato radiyo-kulob. Mutanen gari su taru su ji shiri a kan noma, ko lafiya, ko aure. Bayan shiri su yi muhawara. Jagoran taro ya ɗauki muryoyinsu a inji, a aika Yamai, a sa su cikin wani shiri. Ta haka manomi ya fara jin muryar manomi ɗan'uwansa a radiyo.

Injin ɗaukar murya ya yi wani aikin kuma. A 1968 aka kafa wata cibiya a Yamai don tattara tarihin baka. Yau sunanta CELHTO. Masu bincike sun zauna gaban tsofaffi da maroƙa, sun ɗauki abin da ke bakinsu. Da yawa cikinsu sun riga sun rasu, amma muryarsu tana nan a ajiye.

Daga baya kaset ya cika kasuwa. Ɗan cin rani da bai iya rubutu ba sai ya ɗauki gaisuwarsa a kaset, ya ba mai zuwa gida.

3. Hoto mai motsi

A 1964 aka fara koyar da yara ta telebijin a wasu makarantu na Nijar. A 1979 Tele Sahel ta fara shirye-shirye don kowa da kowa. Aka kafa akwatunan kallo na jama'a a garuruwa, wasu da hasken rana suke aiki. Manya da yawa suna tune da wasannin kwaikwayo na Yazi Dogo da abokansa na Damagaram.

Ga misalin yadda labari ɗaya ke sauya riga. A 1899 rundunar Faransa ta kai hari garin Lugu, a ƙasar Arewa. Sarauniya Mangu da mutanenta suka tsaya suka yi yaƙi. Shekaru da yawa labarin a bakin tsofaffi yake. A 1980 Abdoulaye Mamani ya mai da shi littafi. A 1986 Med Hondo ya mai da littafin fim. Yau yaro yana iya kallon fim ɗin a tafin hannunsa.

A lura da kyau: mai littafi ya ƙara nasa, mai fim ma ya ƙara nasa. Waɗanda ake gani a fim ƴan wasa ne. Ba ranar yaƙin aka ɗauki hoton ba.

4. Mece ce kwamfuta?

Kwamfuta, wadda ake kira ordinatar ko na'ura mai ƙwaƙwalwa, inji ne na lissafi mai saurin gaske. Duk abin da aka ba ta, murya ce, ko hoto, ko rubutu, sai ta mai da shi lambobi. Lambobi biyu kaɗai take aiki da su: 0 da 1. Ta jera su, ta ajiye su. Idan aka nema, ta sake mai da su murya ko hoto.

Salula ta zamani ƙaramar kwamfuta ce. Katin nan da ke cikinta, wanda ake kira kart memwar, rumbu ne. Bai fi farce girma ba, amma yana cin abin da ya fi buhun kaset. Dogayen ƙarafunan da aka kafa a bakin garuruwa su ke karɓar saƙo su miƙa gaba. Inda ƙarfinsu bai kai ba, nan ake cewa babu rezo. Intanet kuwa ita ce hanyar da ta haɗa kwamfutocin duniya, kamar yadda hanyoyin mota suka haɗa kasuwanni.

5. Salula a ƙauye

Wajen 2001 salula ta fara yaɗuwa a Nijar. Ƴan kasuwar hatsi suna cikin waɗanda suka fara cin amfaninta. A da sai mutum ya biya kuɗin mota ya je wata kasuwa kafin ya san farashi. Yanzu kira ɗaya ya isa. Wata mai bincike daga Amurka, Jenny Aker, ta bi farashin hatsi daga 2001 zuwa 2006. Ta gano cewa inda salula ta shiga, tazarar farashi tsakanin kasuwanni ta ragu da kashi 10 zuwa 16 cikin 100.

Yau da salula ake sanar da haihuwa da rasuwa. Da ita ake cigiyar dabbar da ta ɓace. Da ita ɗan cin rani ke gaida uwarsa daga Abijan ko Libiya. Waƙa da wa'azi da fim suna wucewa daga kati zuwa kati. Haka waƙoƙin Mdou Moctar, ɗan jihar Tawa, waɗanda ya ɗauka a Sakkwato a 2008, suka ratsa sahara daga salula zuwa salula, har suka kai shi ƙasashen waje.

6. Inji ba ya tantance magana

Ana ce wa kwamfuta mai ƙwaƙwalwa, amma ba ta da kunya, ba ta da tsoron Allah. Gaskiya da ƙarya nauyinsu ɗaya a wurinta. Kamar jaki take: abin da aka aza mata, shi take kaiwa.

A watan Agusta na 2014, lokacin cutar Ebola, wani saƙo ya bazu ta salula a Najeriya. Aka ce a yi wanka da ruwan gishiri, a kuma sha, wai rigakafi ne. Cikin dare ɗaya ya zagaya gari da ƙauye, ɗan'uwa yana tayar da ɗan'uwa. Ƙarya ce. Mutane da dama suka kwanta asibiti, wasu suka rasa rayukansu. Waɗanda suka tura saƙon ba mugaye ba ne. Ƙauna ce ta sa su, amma ba su bincika ba.

Yanzu abin ya ƙara wuya. Akwai kwamfutocin da ke kwaikwayon muryar mutum, su kuma haɗa hoton abin da bai faru ba. Hausawa sun ce gani ya kori ji. Amma gani a salula ba ɗaya yake da gani da ido a wurin ba.

Don haka, kafin mutum ya tura saƙo gaba, sai ya yi tambaya uku. Wa ya faɗa? Yaushe ne, kuma a ina? Wa zai cutu idan ƙarya ce? Maganar magani, a tambayi ma'aikacin asibiti. Maganar iri da taki, a tambayi malamin gona. Saƙon da ke zuga wata ƙabila a kan wata, ko manomi a kan makiyayi, a bar shi ya mutu a nan. Magana zarar bunu ce.

7. Mabuɗin yana hannun mai karatu

Saƙon murya ya sauƙaƙa wa wanda bai iya karatu ba. Duk da haka ƙofofi da yawa a rufe suke gare shi. Ba ya gane sunan wanda ya kira shi. Idan aka rubuto masa, sai ya nemi mai karanta masa, asirin gidansa ya fita waje. Idan aka aiko masa kuɗi, ba ya iya duba adadin da kansa. Yakan ba wani lambarsa ta sirri, kuma ba kowane hannu ne mai amana ba.

Salula kuma tana iya zama allo. A 2009 da 2010 an yi gwaji a ƙauyuka fiye da 100 na jihohin Doso da Damagaram. An kira shi shirin ABC. A wasu cibiyoyi, bayan darasin da aka saba, an koya wa ɗalibai rubuta saƙo da salula. Waɗannan ɗalibai sun fi sauran ci a jarrabawar rubutu da ta lissafi. Wanda ke rubuta saƙo kullum ba ya saurin mance haruffa.

8. A ajiye maganar tsofaffi

A gidaje da yawa yara sun bar gindin kaka sun koma gaban salula. Hana su ba zai yiwu ba. Amma injin da ya janye su yana iya zama rumbun abin da suka bari. Aikin da a 1968 sai mai bincike daga Yamai ke iya yi, yau kowace cibiya tana iya yin shi. A nemi izinin tsoho ko tsohuwa. A ɗauki tatsuniya, ko tarihin kafuwar gari, ko sunayen itatuwan da suka ɓace. Sannan ɗalibai su rubuta shi a littafi, da sunan mai faɗa da ranar da aka ɗauka. Kati yana lalacewa, salula tana ɓacewa. Ajiya biyu ta fi ɗaya.

TAMBAYOYI

1. A wace shekara aka buɗe gidan radiyon Nijar?
2. Mene ne aikin radiyo-kulob?
3. Da waɗanne lambobi kwamfuta ke aiki?
4. Waɗanne tambayoyi uku ake yi kafin a tura saƙo?

LISSAFI

Wani manomi yana da buhu 4 na wake. A kasuwar garinsu ana sayen buhu jika 22. Ya kira wata kasuwa, aka ce masa jika 26. Kuɗin motar kowane buhu jika 1 ne, nasa kuma zuwa da dawowa jika 3. Idan ya kai can, nawa zai ƙaru da shi?

AIKIN MAKO

Kowane ɗalibi ya rubuta sunayen mutum biyar da lambobinsu a littafinsa. Kowace cibiya ta ɗauki tatsuniya ɗaya daga bakin wata tsohuwa ta garin, ta rubuta ta, ta aiko wa jarida. Za a buga waɗanda suka fi tsari.