Mabuɗin Sito: Yadda Mulkin Gurguzu Ya Haifi 'Yan Gata

A shekarar 1917 jam'iyyar Lenin ta ƙwace mulki a Rasha bisa alkawarin kawar da bambanci tsakanin mai shi da maras shi. Aka karɓe bankuna da masana'antu, daga 1929 kuma Stalin ya tilasta wa manoma haɗe gonakinsu ƙarƙashin hukuma. Attajirai suka gushe. To, amma dukiya ba ta raba kanta, tilas a sami mai riƙe da mabuɗin sito.

Jam'iyya ta tanadi jerin muƙaman da ba a naɗa kowa a kansu sai da yardarta, tun daga minista har shugaban gonar haɗaka. Wannan jeri shi ake kira nomenkalatura, daga baya sunan ya koma kan mutanen da ke cikinsa. Gatansu bai tsaya ga albashi ba. Suna da kantunansu na musamman inda nama da man shanu ba su yankewa, alhali jama'a na bin layi. Ga asibitocinsu, ga gidajen hutu a bayan gari. Manomin gonar haɗaka kuwa, tun 1932 ba a ba shi takardar shaidar da ke ba mutum damar ƙaura zuwa birni, sai a 1974 aka yanke shawarar ba shi.

Milovan Djilas, wanda ya taɓa zama mataimakin Shugaba Tito na Yugoslabiya, ya bayyana a littafinsa na 1957 cewa ikon juya dukiya da rabonta mallaka ne, ko da babu takarda. Ya sha ɗauri a kan haka. Da Tarayyar Sobiyat ta wargaje a 1991, da yawa daga cikin manajojin masana'antu suka wayi gari su ne masu su.

Nijeriya ba ta taɓa bin gurguzu ba, amma ɗalibin Gozaki zai gane wannan darasi daga gonar gidansu. Har zuwa 1986 hukuma ce ke yanka farashin auduga, kuma da aka kafa Shirin Raya Noma na Funtua a 1975, taki mai rangwame ya bi ta hannun jami'ai, manyan manoma masu hanya suka fi cin moriyarsa. Sai dai shi manomin Gozaki gonarsa tana hannunsa, yana iya kai dawarsa kasuwar Malumfashi. Takwaransa na Rasha ɗan fegin bayan gida kawai aka bar masa.