Wa Ke Riƙe Da Akalar Gwamnati?

Hausawa kan ce da wasa ake faɗa wa wawa magana. Da yawa daga cikinmu mun ga haka a shirin Kwana Casa'in, wanda Arewa24 ta fara nunawa a 2019, inda aka tona asirin 'yan siyasar jihar Alfawa. To amma akwai wata kokawa da ba a cika nuna mana ba, wato tsakanin ɗan siyasa da ma'aikacin gwamnati.

Wasan da ya fi shahara a kan wannan shi ne Yes Minister, wanda BBC ta fara nunawa a Ingila a 1980. Minista Jim Hacker ya shigo ofis da buhun alkawura. Babban Sakatarensa, Sir Humphrey Appleby, tsohon hannu ne. Ba ya taɓa ce wa maigidansa a'a. Sai ya russuna, ya kafa kwamiti, ya binne maganar cikin fayil har ta mutu. A wani kashi na 1981 an nuna sabon asibiti mai ma'aikata kimanin 500 amma babu majiyyaci ko ɗaya, Sir Humphrey kuwa yana yabon tsarinsa!

Mu ma a Nijeriya mun sha wannan kokawa. A zamanin Janar Gowon wasu manyan sakatarori, irin su Allison Ayida da Philip Asiodu, sun yi ƙarfi ƙwarai. Janar Murtala ya sallami dubban ma'aikata a 1975. A 1988 gwamnatin Babangida ta mai da Babban Sakatare Babban Darakta, wanda zai tafi tare da gwamnatin da ta naɗa shi, aka kuma danƙa wa minista kula da kuɗi. Daga baya aka soke wannan tsari.

Me ya sa rigimar ba ta ƙarewa? Ɗan siyasa yana da ƙuri'ar jama'a, amma kwanansa ƙidayayye ne, don haka yana sauri. Ma'aikaci ya san doka da fayil, kuma yana nan har shekara 35. In na farko ya yi rinjaye, sai a taka ƙa'ida. In na biyu ne, sai aiki ya kwanta.

Mu ɗauka an yi wa wani ƙauye a Gwiwa alkawarin rijiyar burtsatse. Shugaba ya sa hannu, ma'aji ya ce takarda ba ta cika ba. Kowa na iya zama da gaskiyarsa, amma yarinyar da ke tafiya ɗibar ruwa da asuba ita ce za ta makara makaranta.

Gobe wasunmu ne za su hau waɗannan kujeru biyu. Kafin mu yi dariya, mu tambayi kanmu: in fayil ɗin rijiyar nan ya zo teburinmu, kwana nawa zai yi?