Darasi: Ɗan Kwangila Da Kotu

Idan Gwamnatin Tarayya za ta ba da aiki a Bagudo, misali gyaran hanyar Tsamiya ta bakin iyakar Jamhuriyar Benin, sai ta yi shela. 'Yan kwangila su kawo takardun farashinsu. A buɗe su a gaban jama'a, a zaɓi ɗaya.

To, wanda aka hana, kuma yana ganin an yi son kai, me zai yi? Dokar ba da kwangila ta 2007 ta tanadi matakai uku.

1. Ya rubuta kuka ga shugaban ma'aikatar cikin ranakun aiki 15 da ganin kuskuren.

2. In bai gamsu da amsa ba, ya kai kukan hukumar kula da kwangila, wato BPP, a Abuja, cikin ranakun aiki 10. Tana iya dakatar da aikin ko soke zaɓin.

3. In har yanzu bai gamsu ba, ya shigar da ƙara Babbar Kotun Tarayya cikin kwana 30. Akwai reshenta a Birnin Kebbi.

Wanda ya yi jinkiri, ko ya tsallake mataki, yana iya rasa ƙararsa. Ya adana kowace takarda, domin ita ce shaidarsa.

Tambaya: Ina ake fara kai kuka?