Idan an tsare kayanku a hanya saboda haraji

Ba manyan 'yan kasuwa kaɗai wannan matsala ke shafa ba. Buhun masarar da aka aika wa ɗan'uwa a Legas, kayan ɗakin amarya, ko 'yar albasar da maigida ya zuba jarinsa kaf a ciki, duk suna iya kwana a shinge saboda wani ya ce ba a biya kuɗin jiharsa ba.

1. Ku gama magana da direba tun a tasha. Kuɗin mota ya haɗa da na hanya, ko daban ne? Idan an tsare kaya, wa zai biya? A faɗa a gaban ɗan kamasho ko wani shugaban ƙungiya. Yawancin rigimar da ke biyo baya tsakanin mai kaya da direba ce, domin direba zai ce ya kashe kaza a Lokoja, ku kuma ba ku da hanyar tantancewa.

2. Takardar lodi ta faɗi gaskiya: irin kaya, yawan buhu, inda aka ɗauko, inda za a sauke. Wanda ya rubuta buhu 80 alhali 100 ya loda, shi ya miƙa wa masu shinge sandar dukansa. Ku ɗauki hoton takardar da rasit ɗin kasuwa a waya, kwafi ɗaya ya zauna a gida. Dabbobi kuma a haɗa su da takardar likitan dabbobi.

3. Ku san wanda ya tare ku. Kwastan ruwansu da kayan da suka shigo daga waje, kamar shinkafa 'yar waje, kuma takardar biyan kuɗin fito suke nema. Masu karɓar harajin jiha ko ƙaramar hukuma lissafinsu daban. Dokar tarayya ta 1998 da ta jera harajin da kowane matakin gwamnati zai karɓa ta hana kowa, har da hukumar haraji kanta, kafa shinge a hanya don karɓar haraji, ta kuma tanadi tarar naira 50,000 ko ɗaurin shekara uku, ko duka biyun. Kowa dai ya ga yadda ake bin ta. Yawan karɓe-karɓen nan na cikin koken da ya sa dillalan shanu da kayan abinci suka dakatar da kai kaya kudu a Fabrairun 2021. Sanin dokar na da amfani a ofis da kotu. Karanta wa mai gora ita da tsakar dare, a ganina, neman fashewar gilashi ne.

4. Idan kayan gwari ne, kada ku tsaya jayayya. Tumatir ba ya jiran shari'a. A biya, amma a karɓi rasit mai sunan hukuma, kwanan wata da adadin kuɗi, kuma in da hali a tura ta asusun gwamnati, ba na wani mutum ba. Wanda ya ƙi ba da rasit ya riga ya gaya muku ko shi wane ne.

5. Idan an janye motar, ku nemi a rubuta dalili da jerin abin da ke ciki, a ƙirga a gaban direba. Buhu kan yi ƙafa a irin wannan ajiya.

6. Kada direba ya sa hannu a takardar da bai karanta ba.

7. Ƙorafi a rubuce ake yin sa, zuwa ga hukumar tara haraji ta jihar da abin ya faru, tare da kwafin rasit. Ku bi ta ƙungiyar 'yan kasuwarku, don an fi sauraron taro. Dokokin haraji da aka sa wa hannu a Yunin 2025 sun kuma samar da ofishin sauraron koken masu biyan haraji. Idan kuɗin ya kai a ɗauki lauya, a ɗauka da wuri, tun kuɗin ajiyar mota bai zarce abin da ake jayayya a kai ba.